Ranar da Aka Sace Mazarin Kwanaki

Da hantsi aka aiko a kira ni. Na tarar da rabin gari a ƙofar zauren masaƙa, kowa yana tattake abin da aka kira ni in duba. Haka mutane suke, sai sun gama dagula ƙasa da ƙafa ɗari sannan su buɗe maka hanya su ce, “Ga Mai Sawu nan, yanzu za a san gaskiya.”

Kafin in kai bakin ƙofa an riga an ba ni ɓarayi uku. Wasu sun ce maƙerin da ya ƙera kwaɗon ɗakin ne, tunda ba a fasa kwaɗon ba. Wasu sun ce mai maganin bakin kasuwa ne, wanda bara ya roƙi a ara masa mazarin aka hana shi. Mafi yawansu kuwa majemi suka riƙe, don baƙo ne kuma warin fata yake yi, a garinmu laifi biyu ke nan.

Ga wanda bai san garin ba, a ƙuryar zauren masaƙa akwai wani ɗaki mara taga. A cikinsa akwai baƙin mazari tsaye a 'yar ƙwarya, shi kaɗai yake juyawa tun kafin a haifi kakanninmu. Muddin da auduga a bakinsa, zare kawai yake kaɗawa kamar kowane mazari. In audugar ta yanke sai ya koma kaɗa kwanakin mutum, ya riƙa fitar da wani siririn zare ruwan toka, duk wanda aka ɗaura wa shi a hannu kwanakin sun zama nasa. Shi ya sa ake naɗa masa mai tsaro, aikinsa ɗaya ne tak, kada audugar ta yanke. Kowa a gari ya yarda cewa kwanakin wanda ya riƙe mazarin yake ci. Ni ma abin da na sani ke nan har safiyar nan.

Mai tsaron kuwa yayana ne, uwa ɗaya uba ɗaya. Babba Inna take kiransa, ni kuma Auta.

Shugaban masaƙa ya tare ni a ƙofar ɗakin, ya dafa kafaɗata. “Ka daure kafin ka shiga,” ya ce.

Yaya yana zaune a kan kwandon audugar mazarin, murfin a rufe, ga kujerarsa a gefe ba kowa a kai. Shekararsa arba'in da huɗu. Jiya da yamma na gan shi a gidan Inna, a bakin gadon 'yarsa Tantabara da ta kwana goma sha biyu cikin zazzaɓi, gemunsa baƙi wuluk. Yanzu furfura ta cinye rabinsa, fatar wuyansa ta saki.

Shugaban ya tura ƙofa ya rage murya. “Akwai abin da daga ni sai mai tsaro muka sani. Ranar da aka naɗa shi an ɗaura masa zaren farko a wuyan hannu. Ko a ƙarshen duniya mazarin yake, in ya rasa auduga mai tsaronsa yake ci. Muna ɓoyewa ne don kada maƙiyi ya kashe mutum daga nesa.”

“Zai kai yaushe?”

“A yadda nake ganin saurin abin, faɗuwar rana.”

Na durƙusa na dubi ƙasa. An share ɗakin tas, har lungunan bango, zanen tsintsiya sabo ne.

“Wa ya yi shara a nan?”

“Ni ne,” in ji Yaya. Muryarsa ma ta soma kaushi. “Kullum da ita nake farawa. Hannuna ya riga idona.”

“Makulli fa?”

“Ga shi a wuyana. Ƙila mantawa na yi ban kulle ba jiya, hankalina yana wurin yarinyar.”

Da wani ne ya gaya mini ya shiga ɗakin da abu ɗaya ne a cikinsa, ya share shi kaf bai lura abin ba ya nan ba, da na yi masa dariya a fuska. Amma mutum ba ya yi wa yayansa irin binciken da yake yi wa ɓarawon akuya. Na haɗiye.

“Ka fara da majemi,” ya ce. “Ka bi a hankali, Auta, kada ka zalunci kowa don saurina. Kuma kada a gaya wa Inna, abin da ke gabanta ya ishe ta.”

* * *

Sawun yana ƙofar baya, inda taron bai kai ba. Shekara ashirin ina bin sawu ban taɓa ganin irinsa ba. Duk inda ƙafa ta sauka ciyawa ta fito, ta girma har idon sawu, ta bushe. Mazarin in ana tafiya da shi zubar da kwanaki yake yi a hanya, kamar tulu mai yoyo, in kuwa ya zauna wuri ɗaya sai ya tsotse na wurin. Don haka sawun da aka taka da sassafe ya zama na bara. Ba siffar tafin ƙafa, ba alamar takalmi. Abin da na iya karantawa kawai shi ne takun gajeru ne, kuma mai su bai yi gudu ba ko sau ɗaya.

Na bi tsiron ciyawar. A kusurwa wata mata tana zubar da madarar da ta tatso ɗazu, ta yi tsami har ta yi kore. Gaba kaɗan sabon yaɓen wata katanga ya tsattsage. Da sawun ya kai kan matakalar da ke gangarawa kasuwa, hawa ashirin da biyu kacal, sai ya ƙi ta, ya juya ya bi doguwar hanya ta unguwar majema. Na ce a raina ɓarawon nan yana da wayo, so yake ya shafa wa wani laifi.

Majemin yana tsaye a bakin raminsa, ƙaton mutum. Ya nuna mini fatun da ya jiƙa jiya.

“Kwana ashirin suke yi kafin su nuna,” ya ce. “Duba, sun nuna. Na san abin da za a ce. Mai Sawu, ni ko ɗakin nan ban san inda ƙofarsa take ba.”

“Ka ga wanda ya wuce?”

“Ina cikin rami, gari bai gama wayewa ba. Ji dai na yi. Wani ya tsaya a bayan katangata ya jingina, yana mayar da numfashi. Ya ɗan jima kafin ya ci gaba.”

“Namiji ko mace?”

“Numfashi ne kawai, ranka ya daɗe. Na mai gajiya.”

Na sa shi ya taka ƙasa goma. Takunsa ɗaya ya yi biyu na ɓarawon. Na ce masa ya wanke hannu ya jira, ba shi ba ne. Bai yarda da ni ba, kuma yana da gaskiya, don maganata ba ta hana taro jifa.

* * *

A bakin kasuwa sawun ya ƙare. An shimfiɗe wurin da dutse, ba abin da zai tsiro, ba abin da zai ruɓe, ga hanya biyar sun rabu daga nan. Na yi rarrafe a kan duwatsun nan har gwiwoyina suka yi jini. Rana ta kai tsaka.

Mai maganin yana share garin ganye a ƙofar shagonsa. Duk abin da ya rataya a waje ya zama ƙura.

“Kai ka taɓa roƙon mazarin,” na ce.

“Na roƙa. Har yau ina ganin zalunci ne a kulle shi mutane suna mutuwa.” Ya jingina tsintsiyar. “Amma da aka tambaye ni kwanakin wa zan bayar, sai na yi shiru. Ni matsoraci ne, Mai Sawu. Ina son marasa lafiyata, amma ban kai nan ba. Ka nemi wanda ransa bai dame shi ba.”

“Ko wanda wani ran ya fi damunsa.”

“Ko shi.” Ya dube ni ya kau da kai. “Yaya jikin 'yar yayanka? Jiya na gaya musu ba ni da sauran abin da zan yi mata. Ban ji daɗin faɗa ba.”

Ba wanda ya gaya mini wannan. Maganar ta soke ni, amma na ture ta gefe, na ce yau yini ne na Yaya, gobe na yi kukan yarinyar. Wauta ce, na sani. Mai bin sawu ba ya zaɓar alamar da zai gani don wata tana masa ciwo.

Maƙerin ya cinye mini abin da ya rage na tsakar rana. Mutum ne mai son bayani, sai da ya ba ni tarihin kwaɗon tun yana ƙarfe, kafin ya kai ga abin da nake nema. Makulli ɗaya ya ƙera, a gaban dattawan masaƙa, kuma a gabansu ya fasa abin da ya zuba shi a ciki. Ya ƙara da cewa kwaɗon nan in ka tura ƙofa shi yake kulle kansa, ba a mantawa da shi a buɗe ko an so.

Na tsaya ina kallonsa. Yaya ya yi mini ƙarya ke nan.

* * *

Inuwa ta yi tsawo lokacin da na koma zauren masaƙa. Shugaban ya sa an tattaro su ukun, an zaunar da su a gindin bango, majemi a tsakiya, leɓensa a fashe. Mutane sun cika zauren har kan masaƙu. An buɗe ƙofar ɗakin mazarin, asiri ya riga ya fita, kowa yana leƙen Yaya.

Da ƙyar na gane shi. Kansa ya yi fari fat, bayansa ya lanƙwashe, hannuwansa suna karkarwa a kan gwiwa. Har yanzu a kan kwandon yake. Tsoho mai ciwon baya, ga kujera mai majingina kusa da shi, ya yini a kan murfin kwando.

“Yaya, tashi ka koma kan kujera.”

“Nan ya fi mini daɗi.”

“Tashi.”

Bai tashi ba. Ƙarfinsa ne ya ƙare, ya zame gefe, aka tare shi aka kwantar a tabarma. Ko a kwancen hannunsa laluben kwandon yake yi. Na riga shi, na ɗaga murfin.

A saman audugar akwai wani ɗan curi, wanda yake bakin mazarin lokacin da aka ɗauke shi. Na fito da shi tsakiyar zaure, na ɗaga shi inda haske yake.

“Majemi, in kai ne za ka raba mazarin da audugarsa, yaya za ka yi?”

“Wuƙa zan sa,” ya ce.

“Maƙeri?”

“Fizgewa zan yi in gudu.”

Mai magani ya ce shi ko taɓawa ba zai yi ba. Na juya ga shugaban masaƙa, ya ce su masaƙa yankewa suke yi su ƙulla.

“To ku duba. Ba a yanke ba, ba a fizge ba, ba a ƙulla ba. An ja audugar a hankali har ta sirance ta rabu da kanta. Sannan an murza wutsiyar, an naɗe ta a jikin curin don kada ta warware, an mayar cikin kwando, an rufe don ƙura. Ga farin alli a jiki, irin wanda masu kaɗi suke shafawa a yatsa. Mutum yana riƙe da abin da ya fi komai haɗari a garin nan, amma ya tsaya yana adana auduga. Ba shawara ya yi ba. Hannu ne da ya shekara hamsin yana kaɗi, ba ya iya barin wutsiya a sake ko da gobara ake yi.”

Wani ya ce masu kaɗi a garin nan sun fi ɗari.

Ni kuwa idona yana kan murzar. Hagu ta yi. Duk rigar da na sa tun ina rarrafe da zaren hagu aka saƙa ta. A garin nan bahaguwar mai kaɗi ɗaya ce, gwiwoyinta sun daina hawa matakala tun shekara uku, kuma ita kaɗai za ta iya zare igiya daga wuyan Yaya yana barci bai motsa ba.

“Ku saki mutanen nan,” na ce. “Ba ruwansu.”

Na durƙusa kusa da tabarmar. Na rage murya, amma kowa yana ji.

“Tun safe ka sani.”

“Tun da na farka ba makulli. Na hauro ta matakala, ita ta bi doguwar hanya, muka saɓa. Na tarar da shi a jikin kwaɗo. Da na buɗe kwandon kuma ban buƙaci kowa ya gaya mini ba.”

“Ta san kai ake ci?”

“Ina za ta sani? Tana tsammanin nata take bayarwa. Da ta sani da tuni ta dawo da shi da rarrafe.” Ya yi tari, ya daɗe kafin numfashinsa ya daidaita. “Auta, kowane kamu na zaren nan shekara ce ga Tantabara. Ka bar ta ta tara abin da zai kai ta furfura.”

“Kai kuma fa?”

“Na ga arba'in da huɗu. Ita shida ta gani.”

“Ka sa an fasa wa bawan Allah baki don ka sayi yini.”

“Na sani. Zan roƙe shi gafara in na kai.” Ya kama idon sawuna da hannun da ba sauran ƙarfi a ciki. “Ba hana ka zan yi ba. Ka dai tafi a hankali.”

Haushinsa ya kama ni har ina jin ɗaci a baki, ga tausayinsa, ga kunyar kaina da na yini ina bin ciyawa alhali amsar tana ƙarƙashinsa. Na zare ƙafata, na damƙi audugar, na fita da gudu.

* * *

A tsakar gidan Inna rana ta yi ja a kan katanga. Da na ɗaga labulen ɗakin ciki sai na shiga sassafe. Hasken taga fari ne mai sanyi, fitilar da aka kunna kafin gari ya waye ba ta ko rage mai ba. Mazarin ya tsotse yinin ɗakin kaf.

Inna tana zaune a ƙasa, ƙafafunta a miƙe, mazarin yana juyawa a ƙwaryarsa a gabanta. Da hannun hagu take karɓar zaren tokar tana naɗa wa Tantabara a wuyan hannu, ya yi kauri kamar warwaro. Yarinyar tana barci, gumi a goshinta, ƙirjinta yana hawa da sauka daidai.

“Auta, kai ne da sassafen nan?” Inna ta yi maganar a hankali don kada ta tashe ta. “Kada ka yi mini faɗa. Kuma kada ka gaya wa Babba, yanzun nan zan mayar kafin ya farka. Taɓa goshinta ka ji.”

Na taɓa. Sanyi ƙalau.

Ta juya mini bayan hannunta tana murmushi. “Ina ta jira in ga na yamutse, ko zafi ban ji ba. Ashe abin ba wuya. Da na sani da tun uwarta tana kwance na yi.”

Na san numfashi ɗaya a ɗakin nan dogon lokaci ne a waje. Na sani sarai. Audugar tana hannuna, mazarin yana gabana, amma na tsaya ina kallon zaren yana hawa hannun yarinyar. Numfashi uku na yi. Na ƙirga su, kuma har yau ina ƙirga su, ban san wa na yi wa adalci ba, ban san wa na cuta ba.

Sannan na miƙa wutsiyar audugar bakin mazarin. Ya cafke ta nan take, zaren tokar ya katse, fari ya soma fita. Hasken taga ya yi tsalle daga fari zuwa ja mai duhu, fitilar ta mutu.

Inna ta dubi tagar, ta dube ni. “Me ya faru da rana?”

Sai na ji motsi a tsakar gida.

Majemin ne ya goyo Yaya, daga zauren masaƙa har nan, ta doguwar hanya, shugaban masaƙa yana biye da su. Ya sauke shi a bakin ƙofa kamar yana ajiye ƙwai. Yaya yana da rai. Idanunsa sun yi hazo, kumatunsa sun faɗa, duk jikin bai fi na yaro nauyi ba. Ban taɓa ganin tsoho mai tsufansa a garin nan ba.

Inna ta fito tana dafa bango. Ta ga shugaban masaƙa, ta ga farin kai a bakin ƙofarta, sai ta ɗauko sabuwar tabarmar baƙi ta shimfiɗa. Da ciwon gwiwar nan nata ta durƙusa har ƙasa a gabansa.

“Sannu da zuwa, Baba,” ta ce. “Na san abin da ya kawo dattawa gidan nan. Ni na ɗauka, ni kaɗai. Duk hukuncin da za ku yi ku yi a kaina. Yarona bai san komai ba, barci yake yi, kwana goma sha biyu bai runtsa ba. Don girmanka, Baba, kada a taɓa masa aikinsa.”

Majemin ya juya fuskarsa ga katanga.

Yaya ya jiƙa leɓensa. “Yaya jikin yarinyar?”

“Zazzaɓin ya sauka, Baba. Barci take yi.”

“To madalla, Inna.”

Ta ɗago kai. Ta daɗe tana dubansa, daga farin gashin har zuwa hannuwan da ke karkarwa a kan tabarmarta. Sannan ta matsa da gwiwa, ta tallabi fuskarsa da hannu biyu, hannuwan da suka fi fuskar ƙuruciya.

“Babba,” ta ce.

Ya rufe ido ya jingina kansa a tafinta.